Mazaɓar Ƙofar Baya

Ƙarfe goma da minti ashirin na safiyar wata Litinin al'amarin ya fara lalacewa. Na san lokacin daidai domin a zaure nake zaune, ƙarƙashin agogon bangon da ɗan majalisar Baba ya raba wa magidanta, mai hotonsa a tsakiya, wanda dogon hannun agogon ke share masa hanci sau ɗaya kowace awa. Baba ya tafi gona, zauren ba kowa, shi ya sa na shimfiɗa tabarma a can. A cikin gida kaji ba sa barin takarda ta zauna lafiya.

Fom nake cikawa. Shugabar makarantarmu ce ta ba ni shi hannu da hannu, bayan fitowar sakamakon jarrabawarmu ta ƙarshe. Wata gidauniya ce a birni ke ɗaukar 'yan mata daga kowace mazaɓar tarayya ta jihar, ta ba su wurin kwana da malamai har shekara guda, su yi shirin shiga jami'a. Fom ɗaya tak aka aiko wa makarantarmu, da lambarsa a goshi da jan tawada, ba a karɓar kwafi. Ranar Juma'a da ƙarfe sha biyu za a rufe karɓa a ofishinsu da ke Rijiyar Zaki. In ya wuce ni, karatuna ya tsaya ke nan. A unguwarmu ba macen da ta taɓa wuce sakandare, ni kuwa ban san wata hanya ba sai wannan.

Ɗabi'ata ce in cika takarda da fensir tukuna, in duba sau uku, sannan in bi da biro. Layi shida na farko ba su ba ni wahala ba. Na bakwai ya ce: mazaɓarki ta tarayya. A ƙasansa an zana da'ira, wurin hatimin ofishin ɗan majalisar mazaɓar, an rubuta a gefe cewa hatimi ɗaya ake so. Can gindin shafin kuma, da ƙananan baƙaƙe, an yi gargaɗi cewa duk wadda ta rubuta abin da ba gaskiya ba za a ajiye fom ɗinta gefe. Ƙawayena ba sa karanta ƙananan baƙaƙe. Ni da su nake farawa.

Na ajiye fensirin, na ɗaga kai na kalli agogo.

A littafinmu na makaranta abin ba shi da wuya. Kowace jiha an raba ta shiyya uku, kowace shiyya da sanatanta. Tamu akwai Kano ta Arewa, da ta Tsakiya, da ta Kudu, mu kuwa 'yan Arewa ne, wannan ba mai musu. Na majalisar wakilai kuma, an ɗauki ƙananan hukumomi arba'in da huɗu an ɗaure su mazaɓa ashirin da huɗu, yadda ake ɗaure gero dami-dami: wata ita kaɗai ta isa dami, wasu sai an haɗa biyu ko uku. Na haddace wannan tun ina aji biyu. Sai dai wanda ya rubuta littafin bai taɓa zuwa unguwarmu ba.

Unguwarmu gidaje ne ashirin da 'yan kai a jere kamar haƙoran mataji, zaurukansu duka suna kallon yamma, suna kallon burtalin shanu. A ƙofar kowane zaure akwai dakali, a kan kowane dakali kuma da wuya a rasa namiji. Macen da ta ce za ta bi ta nan sai ta durƙusa ta gaida dakali ashirin, a tambaye ta gida, a tambaye ta gajiya, a tambaye ta ruwan jiya. Kafin ta kai ƙarshen layin ruwan tuwonta ya ƙone. Don haka kowane gida yana da 'yar ƙofa ta baya, ta kara ko ta langa-langa, mai fita cikin gonaki, ta miƙe zuwa rijiyar gindin tsamiya. Ta nan mata ke zuwa ɗiban ruwa, da suna, da gaisuwar mutuwa. Ta nan nake zuwa makaranta.

Shekarar da aka zo rajistar masu zaɓe, ina goye a lokacin, ma'aikata suka kafa tebur a firamaren da ke tsallaken burtali. Maza suka yi wanka suka tafi, suka ce mata su biyo baya. Mata suka leƙa, suka ga dakalai a cike. Ana cikin haka wata ta dawo daga rijiya ta ce ai ga wasu masu rajistar can a gindin tsamiya, ba ko layi. Kafin azahar duk matan unguwa sun yi rajista, kowacce ta dawo da katinta da kuma tulunta a cike. Ba wanda ya lura cewa teburin gindin tsamiya na ƙaramar hukumar makwabta ne, ita kuma a wata mazaɓar tarayya take daban. Sai ranar zaɓe, da Baba ya ce wa Inna ta dangwala wa wane, ta dawo ta ce ba ta ga mai wannan sunan ba, ta dangwala wa wani da aka ce yana da kirki.

Tun daga nan muke da 'yan majalisa biyu, na maza da na mata. Mutanen da ke kan kujerun sun sauya ba sau ɗaya ba, sunan bai sauya ba. Na maza ya kawo takin zamani da agogon bango. Na mata ya kawo injin niƙa da bokitai masu hotonsa. Masu ɗigon rigakafi ma kashi biyu suke zuwa, waɗansu su yi rubutunsu da alli a bangon zaure, waɗansu a ƙofar baya, kuma an ce ina ƙarama sau biyu ake ɗiga mini kowane zagaye. A kan sanata kaɗai ake zaman lafiya a gidajenmu, domin shi ɗaya ne.

Ni kuwa shekarata goma sha bakwai, ba ni da kati.

Da Baba ya dawo daga gona na bari ya yi sallah, ya ci abinci, ya wanke hannu, sannan na durƙusa na nuna masa layi na bakwai. Sunan mahaifiyarsa aka sa mini, don haka uwata yake ce mini.

"Uwata, wannan ma tambaya ce? 'Yar wa ce ke?"

"Taka, Baba."

"To. Ni katin ina gare ni?"

"Na yamma."

"Ashe kin san amsa, kika zo ki gwada ni." Ya nuna agogo da haɓa. "Ga mutumin nan yana kallonki kullum. Rubuta shi."

Na so in ce masa fom ɗin mazaɓata ya tambaya, amma ban saba mayar masa da magana ba. Na shiga cikin gida. Inna tana tankaɗe. Ni ce 'yarta ta fari, saboda haka ba ta kiran sunana, ba ta kallona in tana magana, kuma ba ta taɓa yabona a gaban kowa ba. Ta ji duk abin da aka faɗa a zaure, don a gidanmu ba a magana a zaure Inna ba ta ji ba. Sai ta ce wa rariyar da ke hannunta:

"Wasu dai shekara goma sha biyu ta ƙofar baya suke zuwa makaranta. Ban sani ba ko ranar cika takarda ce za su koyi bin zaure."

Na bar layin ba komai. Na sa fom ɗin a tsakiyar babban littafina, na sa littafin a akwati.

Talata ranar kasuwa ce a garin da ofishin na maza yake. Da hantsi na buɗe akwati don in sake karanta ƙananan baƙaƙen, ko akwai wani haske da ban gani ba. Littafi yana nan, fom ba ya nan. Na zazzage akwatin sau biyu, na ɗaga katifa, har bakin akuya na duba. Bayan la'asar Baba ya shigo yana murmushi, ya sa hannu a aljihun gaba ya zaro shi. An ninke shi huɗu. Ni ko lanƙwasa gefensa ban taɓa yi ba. Yana warin goro da daddawa, a cikin da'irar kuma ga hatimi shuɗi, ɗanye shar.

"Na rage miki aiki, uwata. Sakataren ko tambaya bai yi ba, katina kawai ya gani. Ya ce a gaishe ki, Allah ya yi albarka."

Na ce na gode, domin ba abin da ake cewa sai wannan. Inna ta jawo turmi. Dakan da ta yi da yammacin nan, har makwabta sun aiko suna tambaya ko biki za a yi.

Na miƙe fom ɗin, na sa shi tsakanin kwali biyu, na ɗora buhun wake a kai don ninkin ya baje. Wannan shi ne kuskurena. Buhun wake a ɗakin Inna yake.

Gwaggo yayar Baba ce, gidanta na uku daga namu, ita ce shugabar matan unguwa, kuma a ƙugunta makullin injin niƙa yake kwana. Ranar Laraba da sassafe na ga ta shigo ta ƙofar baya, sun yi ƙus-ƙus da Inna, ta fita da mayafin unguwa. Ban kawo komai a raina ba. Da azahar ta dawo tana fifita da wata takarda. Tun daga nesa na gane jan tawadar goshinta.

"Ungo, 'yar boko. An gyara miki."

Hatimi na biyu kore ne, ya hau rabin na farko, sauran rabin ya fita daga da'irar ya taka ƙananan baƙaƙe.

"Namu ya fi girma," in ji Gwaggo. "Duba ki gani."

Baba ya shigo ya tarar da mu a haka. Ya karɓa ya duba, ya juya bayan takardar kamar zai ga wani abu dabam. Da Inna ce ta kai da kanta da ya san abin da zai ce. Amma yayarsa ce, wadda ta goya shi.

"Yaya, wannan ai ɓarna ce."

"Naka da ka je ka buga a ɓoye gyara ne?"

"'Yata ce fa."

"Kai ka yi naƙudarta? Ni na yanke mata cibi, a ɗakin can, kana zaure kana tambaya ko namiji ne."

"Geron da take ci, takin wa ya fitar da shi?"

"Wa ya niƙa? Ko tsabarsa take haɗiya kamar zabuwa?"

Inna tana can tana hura wuta, wutar da ta riga ta kama tun ɗazu. Na ɗauki fom ɗina na zagaya bayan rumbu na yi kuka, na miƙa hannun da ke riƙe da shi nesa don kada hawaye ya ɗiga a kai. An ce hatimi ɗaya, ga biyu. An ce a rubuta gaskiya, ni kuwa ban san ta ba. Saura kwana biyu.

Hatimi ba ya goguwa, na gwada a gefen wata tsohuwar takarda na gani. Abin da ya rage mini shi ne in gano gaskiyar, in rubuta ta dalla-dalla, ko da za a ajiye fom ɗin gefe a ajiye shi da saninta. Na ɗauko sabon littafin rubutu, na ja layi a shafin farko.

Gidan mai unguwa shi ne na ƙarshe a layin, kuma ba a zuwa wa mai unguwa ta ƙofar baya. Ranar Alhamis da safe, karo na farko tun da na yi wayo, na fita ta zaure na bi gaban dakalai. Na durƙusa sau goma sha tara. Kowane dakali ya riga ya ji labari. Wani ya ce, "A'a, ga mai hatimi biyu." Wani ya ce in na zama gwamna in tuna da shi. Wani tsoho ya riƙe ni da gaisuwa har sai da ya tambayi lafiyar kajinmu. A haka na isa.

Na riga na rubuta tambayata a takarda, don na san muryata za ta gudu ta bar ni. Na miƙa masa. Mai unguwa ya tsufa ƙwarai, idanunsa sun yi yana. Ya shafa takardar ya miƙo mini.

"Jikata, ni yanzu ko raƙumi sai ya yi kuka nake sanin ya zo. Karanta."

Na karanta, ya ce bai ji ba. Na sake, ya ce ko sauro ya fi ni murya. A karo na uku har dakalin makwabta an ji: unguwar nan a wace ƙaramar hukuma take?

Ya yi dariya har ya yi tari. "Shekara nawa ina jiran wani ya tambaye ni wannan. Masu neman ƙuri'a ba sa tambaya, kowa ya ɗebi rabonsa ya tafi. Ni kaina rawanina na yamma ne, amma tsohuwar da ke cikin gidan nan ba ta taɓa zaɓen wanda na zaɓa ba."

Ya ce lokacin da aka yanka ƙananan hukumomi ba wanda ya zo da igiyar awo. Dagatai biyu aka tara aka tambaya, su kuma suka nuna iyakar da suka gada: daga kukar bakin kududdufi, can arewa, a miƙe sak zuwa kukar tsohuwar marina, can kudu. Yamma da layin na wannan, gabas na wancan.

"A lokacin gidajen ba su kai layin ba. Zaure ne da ɗaki ɗaya ko biyu, bayansu gona. Amma gida kabewa ne, jikata, yaɗo yake yi. Gaba hanyar shanu ce, ba a taɓa ta. Sai aka yi ta ja da baya, a ƙara ɗaki, a ƙara danga."

"To yanzu ta ina layin ya bi, ranka ya daɗe?"

"Kukokin suna nan, ba su je ko'ina ba. Ke ce mai ido."

Daga ƙasa ba a ganin kukokin biyu tare, katangu da dogon gero sun tare. Sai daga sama. Gidanmu rufin ƙasa ne, akwai tsanin da ake hawa shanyar kuɓewa. Dabarar da na yi mai sauƙi ce: in tsaya ina kallon gabas, in nuna kukar arewa da hannun hagu, ta kudu da na dama. Inda hannayena suka miƙe sak kamar sanda ɗaya, to a kan layin nake.

Na fara da rufin zaure. Hannayen suka karkata gaba. Na sauko, na ja tsani, na hau rufin ɗakin Inna. Suka karkata baya har kafaɗata ta amsa. Na sauko na hau rufin shigifa, ɗan ɗakin nan da ake ratsawa daga wajen maza a shiga wajen mata. Na matsa gaba kaɗan, na dawo baya kaɗan, na rufe ido ɗaya, na juya kai hagu, na juya dama. Na daɗe a haka, don ba na son in rubuta abin da ban duba sau uku ba.

Abin da ban yi lissafi da shi ba, a ƙasarmu kowa ya san waɗanda ke zaune a kan kuka. Yarinya mai shiru-shiru, wadda ba a jin muryarta, mai yawan karatu, ta yi kuka jiya a bayan rumbu, yau ga ta a kan rufi tsakar rana, hannaye a buɗe, tana nuna kukoki biyu, tana motsa baki. Ƙirga nake yi, amma daga ƙasa ba a san haka ba. Da na sauke ido sai na ga kawunan mata a kan kowace katanga har ƙarshen layi. Wata tana salati. Wata tana cewa dama ta faɗa, boko in ya yi yawa ƙofa yake buɗewa. Gwaggo ta iso da kasko, hayaƙi yana tashi, tana tofa addu'a tana fifita shi sama wajena. An kira Baba daga dakali, ya shigo da takalmi ɗaya.

"Uwata," ya ce a hankali, irin muryar da ake yi wa saniyar da ta tsinke, "sauko mu yi magana. Ko wanne kike so shi za a rubuta."

"Ba komai, Baba. Iyaka nake nema."

"Na'am, za a nemo miki ita. Sauko dai."

Na sauko cikin hayaƙi ina tari. Sai da ƙafata ta kusa ƙasa na ga wadda ta riƙe gindin tsanin. Inna ce, da hannu biyu, fuskarta a juye tana kallon bango.

Da hankalin kowa ya kwanta na zana taswira a littafin, na nuna musu. Layin ta tsakiyar shigifa ya bi. Zaure da turakar Baba suna yamma, a ƙasar na maza. Ɗakin Inna, da madafi, da ƙofar baya suna gabas, a ƙasar na mata. Na auna da ƙafa: daga bakin shigifa zuwa gadona taku goma sha bakwai ne. Ashe duk shekarun nan ba wanda ya yi zaɓe a inda bai dace ba. Kowa inda yake kwana ya je.

Gwaggo ta yi guɗa, ta manta da kaskon har ya kusa ƙona mata zani. Baba ya daɗe yana kallon zanen.

"To rumbuna fa?"

"Yana gabas, Baba."

"Duka biyun?"

"Duka."

"Awakin?"

"Turken yana kan layi. Ya danganta da inda suka kwanta."

Ya ce wannan zancen banza ne, mutum da geronsa a ce suna ƙasa biyu. Sannan ya ce ko ma ina gadona yake, jini ba ya bin taku. A nan kuma na sake tsayawa cik, domin taswirar ta nuna mini inda nake kwana, amma ba ta gaya mini ko mazaɓa uba take bi ko gado ba. Layi na bakwai ya kwana a buɗe.

Juma'a bayan asuba muka kama hanya ni da Baba, ta zaure, don ta nan hanyar mota take. Inna ta biyo mu har bakin shigifa ta tsaya, ba ta tsallaka ba. Ta miƙo ƙullin ƙuli-ƙuli ta ce wa Baba, "Ko wani zai ji yunwa a hanya."

A Tsanyawa muka shiga bas. Na rungume littafin, fom ɗin yana ciki. Ban yi niyyar kowa ya sani ba, amma kafin mu yi nisa Baba ya riga ya gabatar da ƙara gaban fasinjoji. Mazan gaba suka ba shi gaskiya, matan baya suka ba Inna, direba ya ce shi ba ruwansa, matarsa ma ba ya sanin abin da take dangwalawa. A Dawanau manyan motocin hatsi suka cushe hanya. Wani ɗan kasuwa da ke kusa da Baba, mai ƙurar dawa a hula, ya nuna waje ya ce nan ɗin da muke gani, da hancinsa a cikin birni, Kano ta Arewa ce, sanatansu ɗaya da mu, amma inda za mu ɗin Tsakiya ce.

"Layi ne kawai, Malam. Wani ya ja shi yana zaune a inuwa."

"A inuwar ya tsaya," in ji Baba. "Me ya kawo shi tsakar gidana?"

Ni agogon hannun ɗan kasuwar nake kallo. Sha ɗaya saura kwata muna nan ba mu motsa ba. Sha ɗaya da rabi ta gota lokacin da adaidaita ta sauke mu a ƙofar ofishin. Mai gadi ya ce ɗalibai kaɗai ke shiga, iyaye su jira a gindin darbejiya. Baba ya gyara hula ya ce, "Uwata, ki dai tuna 'yar wa ce ke," ya je ya zauna.

Wata Hajiya ce a kan teburin, babbar mace, da tabarau mai igiya. A damanta tulin fom ɗin da aka karɓa, a hagunta wani ɗan tire mai guda uku ko huɗu. Na gane tiren ba sai an gaya mini ba. Na gaishe ta, ban tabbata ta ji ba. Ta karɓa, ta duba, ta ɗaga gira.

"Hatimi biyu. Layi na bakwai kuma ba komai. 'Yata, ba ki karanta abin da aka rubuta ba ne?"

Hannunta ya fara tafiya hagu. Ban san lokacin da na buɗe littafin ba. Na fara karantawa daga shafin farko, da irin muryar da mai unguwa ya tilasta mini: burtali da dakalai, ƙofar baya, teburin gindin tsamiya, hatimin Talata, hatimin Laraba, kukar kududdufi da ta marina, rufin shigifa, taku goma sha bakwai. Ban taɓa yin magana mai tsawon wannan ba a rayuwata. 'Yan matan da ke layi a bayana suka matso suna saurare. Da na kai kan awaki Hajiya ta cire tabarau ta kifa kai a kan teburi, kafaɗunta suna rawa. Na tsaya, ina tsammanin na yi laifi.

Ashe dariya take yi. Ta ɗago tana share ido da gefen mayafi, ta karɓi littafin, ta daɗe a kan taswirar.

"Ke kika zana wannan?"

"Ni ce, Hajiya."

"Duk wannan don layi ɗaya? Waɗannan," ta dafa tulin dama, "rabinsu a bakin ƙofar nan suka tambayi mai gadi me za su rubuta. To me ya hana ki cikawa, tunda kin gano layin?"

"Ban sani ba ko mazaɓa uba take bi, ko inda mutum yake kwana. An ce kuma in ba gaskiya ba ce..."

"Babanki ne wancan a gindin bishiya, mai leƙo taga?"

Na juya. Shi ne. Agogon bangon ofishin, wanda ba hoton kowa a cikinsa, ya nuna sha biyu saura minti shida. Hajiya ta mayar da tabarau, ta zaro biro daga cikin ɗankwalinta ta miƙo mini, ta tura fom ɗin gabana.

"Mu inda yarinya take kwana muke bi. A ɗakin innarki kike kwana, rubuta ta innarki, da biro, yanzu, ina kallonki. Hatimin babanki kuma a bar shi inda yake, ni zan sa hannu a gefensa. In kin fita ki ce masa mun ga nasa, shi ya fara zuwa, kuma ya fi kyawun tawada."